Haƙƙin muhalli da haƙƙin 'yan baya: tambayoyi da amsoshi daga Garwa zuwa bakin Tafkin Cadi

Waɗannan tambayoyi ne da suke yawan tasowa a majalisa da zaure da bakin kasuwa duk lokacin da aka taɓo maganar ruwa, daji da ƙasar noma a Arewacin Kamaru da Cadi. Wasu daga manoma suke, wasu daga masunta da makiyaya, wasu kuma daga 'yan makaranta da suka ji kalmar a rediyo suna so su san inda ta dosa.

Wai shin mene ne haƙƙin muhalli?

Shi ne a ce kowane mutum yana da haƙƙin shan ruwan da ba zai sa shi ciwo ba, da shaƙar iska mai kyau, da zama a ƙasar da za ta ciyar da shi. Wannan shi ne rabin farko. Rabi na biyu, wanda aka fi mantawa da shi, abu uku ne: a sanar da kai abin da za a yi a yankinka, a ji ta bakinka kafin a yanke shawara, kuma ka sami inda za ka kai kuka idan an cuce ka. Mutumin da aka gina madatsar ruwa a saman garinsu ba tare da an tambaye shi ba, an riga an tauye masa haƙƙi tun kafin ruwan ya ragu.

Babban Zauren Majalisar Ɗinkin Duniya ya amince da wannan haƙƙi ranar 28 ga Yulin 2022. Ƙasashe 161 suka kaɗa ƙuri'ar amincewa, babu wadda ta ƙi, 8 suka ƙaurace. Ƙudurin ba doka ba ce da za a ɗaure wani da ita, amma hujja ce mai nauyi a hannun mai neman haƙƙinsa.

Malam, wannan ba maganar Turawa ba ce da suka gama cin nasu dajin?

Afirka ta riga su rubutawa. Yarjejeniyar Afirka kan haƙƙin ɗan Adam da na al'ummomi, wadda shugabanni suka amince da ita a Nairobi a 1981, ta ce a sashe na 24 dukkan al'ummomi suna da haƙƙin muhallin da zai dace da ci gabansu. Shekaru 41 ke nan kafin ƙudurin Majalisar Ɗinkin Duniya. Kamaru da Cadi duka sun sa hannu. Da wannan sashe ne Hukumar Afirka ta kare haƙƙin ɗan Adam da ke Banjul ta sami gwamnatin Nijeriya da laifi a 2001 kan ɓarnar man fetur a ƙasar Ogoni.

Kafin Nairobi kuma, ai mu mun taso da hadisin da ya ce mutane sun yi tarayya a abu uku: ruwa, ciyawa da wuta. Duk almajirin da ya yi Arba'una ya san "babu cuta, babu cutarwa". Malaman fiƙihu sun yi bayanin haramin rijiya da na kogi, wato filin da ke kewaye da su wanda ba a yarda wani ya mallake shi ya hana jama'a ba. Sabon abu dai shi ne takarda da kotu.

Wanda ba a haifa ba, ba shi da suna, ba shi da baki. Ta yaya za a ce yana bin mu bashi?

Wannan ita ce tambayar da ta fi kowacce wuya, kuma masana shari'a na duniya sun daɗe suna kai-kawo a kanta. Amma a wurinmu ba baƙuwa ba ce. Idan mutum ya rasu ya bar matarsa da ciki, ba a raba gado a manta da abin da ke cikin. Ana ajiye masa kasonsa har ya iso. Ke nan shari'a ta yarda mutum ya mallaki haƙƙi tun bai buɗe ido ba.

Akwai misalin da ya fi wannan girma. Da aka ci ƙasar Iraƙi a zamanin Sayyidina Umar, wasu daga cikin mayaƙa suka nemi a raba musu ƙasar noma kamar yadda ake raba ganima. Umar ya ƙi. Hujjarsa ita ce idan aka raba ta yau, me za a bar wa Musulmin da za su zo daga baya? Ya kafa hujja da ayar Suratul Hashr mai magana kan waɗanda suka zo a bayansu, ya bar ƙasar a hannun masu noma ta, ana karɓar haraji domin amfanin kowa, na yanzu da na gobe. Shugaba ne ya hana mutanen da ke gabansa, masu takobi a hannu, saboda mutanen da bai taɓa gani ba.

Abin da nake gani shi ne matsayinmu da ƙasa da ruwa matsayin waliyyi ne da dukiyar maraya. Waliyyi yana iya ci gwargwadon buƙata, yana iya juya dukiyar ta haihu, amma ba ya cinye uwar kuɗi. Amfanin gona na bana namu ne. Ƙarfin ƙasar da ke fitar da shi ba namu kaɗai ba ne.

Kotunan zamani ma sun fara bin wannan hanya. A Filifin, a 1993, Kotun Ƙoli ta yarda wasu yara su yi ƙara a madadin kansu da waɗanda ba a haifa ba domin a tsayar da saran daji. A Jamus, a 2021, kotun tsarin mulki ta ce dokar rage hayaƙi ta ƙasar ta jibge wa matasa nauyin da ya kamata a fara ɗauka yanzu, ta sa aka gyara ta. Yankin Wales na Birtaniya tun 2015 yana da doka da ta tanadi kwamishina na musamman wanda aikinsa shi ne kare muradin 'yan baya.

Dokokin Kamaru da Cadi sun ce wani abu?

Sun ce, kuma a fili. Gabatarwar tsarin mulkin Kamaru na 1996 ta ce kowa yana da haƙƙin muhalli mai lafiya, kare shi wajibi ne a kan kowane ɗan ƙasa, gwamnati kuma za ta tabbatar da kariyar. Sashe na 65 ya ce gabatarwar ɓangare ce ta tsarin mulkin, don haka ba ado ba ce. Sai doka mai lamba 96/12 ta 5 ga Agustan 1996, wadda ta shimfiɗa ƙa'idoji: wanda ya gurɓata shi zai biya, jama'a suna da haƙƙin a sanar da su, kuma duk babban aikin da zai iya taɓa muhalli sai an yi nazarin illarsa tukuna. Akwai wani wuri a cikinta da ya kamata sarakuna da lawanai da jaurawa su sani: inda babu rubutacciyar doka kan wani abu, ana iya aiki da al'adar yankin idan ta fi kare muhalli.

A Cadi, sashe na 47 na tsohon tsarin mulkin 1996 ya faɗi haƙƙin, sannan doka mai lamba 14 ta 17 ga Agustan 1998 ta yi bayanin yadda za a kare muhallin.

Matsalar ba rashin doka ba ce. An rubuta su da Faransanci, an ajiye su a Yawunde da Njamena, mutumin da ya fi buƙatarsu kuwa yana Bilangwa ko Baga Sola, yana jin Hausa, Fulatanci, Kanuri ko Larabcin Shuwa.

Da gaske ne Tafkin Cadi zai ƙafe?

A 1963 faɗin tafkin ya kai wajen murabba'in kilomita 25,000. Fari na shekarun 1970 ya raba shi gida biyu, kwarin arewa da kwarin kudu, farin 1984 kuma ya kusa gama da shi: a tsakiyar shekarun 1980 buɗaɗɗen ruwan bai kai 2,000 ba. Daga nan aka samo maganar da ake ta maimaitawa cewa kashi 90 cikin 100 sun tafi.

Maganar gaskiya ce, amma ta tsaya a 1980 da wani abu. Hotunan tauraron ɗan Adam sun nuna tun shekarun 1990 tafkin bai ci gaba da raguwa ba, a wasu shekarun ma ya ƙaru. Tafki ne marar zurfi, kusan kashi 90 cikin 100 na ruwansa daga kogin Shari da Logon yake zuwa, saboda haka daminar Afirka ta Tsakiya da kudancin Cadi ita ke yanke masa hukunci kowace shekara. Yanzu abin da ya fi damun mutanen bakin tafki shi ne ba a san gaban ruwan ba. Bana ya janye ka shuka masara a inda ya bari, baɗi ya zo ya shanye gonar da rumbun. A 2022 ambaliya ta shafi fiye da mutum miliyan 1 a Cadi, a 2024 ta kusa miliyan 2, mutane fiye da 500 suka rasu, a ɓangaren Kamaru kuma Yagwa da sauran garuruwan Mayo-Danay suka sha ruwa.

Janyewar ruwa har iyaka ta taɓa. Masunta daga Nijeriya, Hausawa da yawa a cikinsu, sun bi ruwa yana ja suna bi har suka kafa garuruwa a yankin Darak. Sai da Kotun Duniya ta yanke hukunci a Oktoban 2002 cewa Darak ƙasar Kamaru ce.

To batun jawo ruwa daga Kwango fa?

Shirin da ake kira Transaqua tun shekarun 1980 wani kamfanin Italiya ya kawo shi: a haƙa hanyar ruwa mai tsawon kimanin kilomita 2,400 daga rassan kogin Kwango zuwa Shari. An sake ɗaga maganar a taron Abuja na Fabrairun 2018. Har yau ba a sa diga ba, mutanen Kwango kuma suna cewa su ma suna da jikoki. Hukumar Tafkin Cadi, wadda Kamaru, Cadi, Nijar da Nijeriya suka kafa a 1964, tana da yarjejeniyar ruwa ta 2012 kan yadda za a riƙa ɗiban ruwan da ake da shi a hannu. A ganina aiki da wannan ya fi kusa da jiran kogin da ke wata ƙasa.

Akwai misalin aikin gwamnati da ya cuci 'yan baya a nan yankinmu?

Madatsar Maga, a Arewacin Kamaru. An gina ta a 1979 domin noman shinkafa na kamfanin SEMRY, aka kuma yi shinge a gefen Logon. Niyyar mai kyau ce, shinkafar ma ta ciyar da mutane. Amma ruwan da ke malala kowace shekara ya cika fadamar da Fulani ke kira yayre, shi aka tare. Wannan malalar ita ce gidan haihuwar kifi, ita ce ke fitar da ciyawar da shanu ke ci da rani, ita ce ke shayar da dajin Waza. Da ta ragu, a daidai lokacin da fari ya zo, ciyawa mai daɗewa ta mutu, kifi ya yi ƙaranci, makiyaya suka canza hanya, namun daji suka ragu. Babu wanda ya sa asarar Kotoko da Musgum da Larabawan Shuwa da Fulani a lissafin aikin.

Abin da ya sa nake son wannan misali shi ne an gwada gyara. A 1994 aka buɗe wata hanyar ruwa da aka toshe domin ruwa ya koma wani sashe na fadamar, aka ƙara wata a 1997. Ciyawa ta dawo, kifi ya dawo, shanu suka dawo. Ba duka aka farfaɗo ba, amma an ga cewa ruwan da ke malala a daji ba asara ba ne kamar yadda injiniyoyin farko suka ɗauka.

Irin wannan magana ce a Lagdo, madatsar da aka kammala a 1982 a kan Binuwai kusa da Garwa. Tana ba Arewacin Kamaru wutar lantarki, amma idan ta cika aka saki ruwa, mutanen Yola da Makurɗi da Lakwaja ne ke kwashe kaya, kamar yadda aka gani a 2012 da 2022.

Rikicin masunta da makiyaya na Logon-Birni, canjin yanayi ne ya kawo shi?

Ya sa hannu, amma ba shi ya ɗauki makami ba. A Agusta da Disamban 2021 faɗa ya tashi a wannan yanki na Arewacin Kamaru tsakanin Musgum, masunta da manoma, da Larabawan Shuwa makiyaya. Masunta da manoma suna haƙa ramuka da magudanai domin su tare ruwa da kifi idan malala ta janye. Shanu su zo shan ruwa su zame cikin taɓo su karye ko su mutu. A Disamba abin ya kai har Kusiri, aka ƙone kasuwar shanu, aka kashe mutane 44, ƙauyuka fiye da 100 suka ƙone, mutum wajen 100,000 suka bar gidajensu, mafi yawansu suka tsallaka zuwa Cadi.

Ruwa ya ragu, mutane da dabbobi sun ƙaru, wannan gaskiya ne. Amma a da akwai masu faɗa a ji kan wane tafki ne na kamun kifi, wane ne na shayarwa, wace rana ake buɗe kamun kifi. Da wannan tsari ya yi rauni, aka shiga sayar da izini ga duk wanda ya fi kuɗi, burtali ya zama gona, mashaya ta zama ta mutum ɗaya. Idan aka ɗora wa sama laifin duka, an wanke waɗanda suka karɓi na goro suka yi shiru.

An ce Cadi ta taɓa buɗe asusun 'yan baya. Ina ya kwana?

An yi, kuma darasinsa ya fi na kowane taro. Lokacin da za a shimfiɗa bututun mai daga Doba zuwa Kiribi a gaɓar tekun Kamaru, tsawon kilomita 1,070, Bankin Duniya ya sa sharaɗi. Dokar 1999 ta ce kashi 10 cikin 100 na kuɗin man da ke shigowa kai-tsaye za a ajiye su a wani asusu a Landan domin waɗanda za su zo bayan mai ya ƙare, kashi 5 na yankin da ake haƙowa, mafi yawan sauran kuma na lafiya, ilimi, hanyoyi da raya karkara. Mai ya fara gudu a 2003. A Disamban 2005 majalisa ta gyara dokar ta soke asusun, wanda a lokacin ya tara kimanin dala miliyan 36. Gwamnatin Idriss Déby ta ce baitulmali ya bushe, 'yan tawaye suna bakin ƙofa, mutanen yau ma suna da buƙata. Bankin Duniya ya dakatar da bashi a farkon 2006, a 2008 ya janye daga aikin gaba ɗaya.

Hujjar ba wasa ba ce: wa zai ce a bar yaro da yunwa yau domin jikan da ba a haifa ba? Sai dai tambayar da ta biyo baya ita ce ko kuɗin sun koma makaranta da asibiti, wanda shi ma ajiya ce ga 'yan baya, ko sun koma makamai. Man fetur ba ya tsirowa. Duk gangar da ta fita daga Doba ta fita ke nan, kuma asusun da masu mulki za su iya buɗewa da ƙuri'ar rana ɗaya ba ajiya ba ce.

Malam, ni da itace da gawayi nake ciyar da marayuna. Yanzu ni ce mai cin haƙƙin jikoki?

Inna, ba ke ce farkon wadda za a tuhuma ba. Haƙƙin muhalli bai zo domin a ƙwace wa talaka tukunya ba, kuma dokar da ta hana abu ba ta kawo madadinsa ba, kan mata take faɗawa.

Njamena ta ga haka. A ƙarshen 2008 zuwa farkon 2009 gwamnati ta hana gawayi da ɗanyen itace shiga birni. Dalilin na gaskiya ne, domin daji ya yi ta ja da baya daga birnin. Amma an hana ne kafin gas ya wadata. Kuɗin makamashi ya yi tashin gwauron zabo, mata suka koma dafa abinci da kashin shanu da ƙwallon goruba da karyayyun kujeru, gawayi kuma ya koma shigowa a ɓoye daga Kusiri. Sauƙi ya fara samuwa ne bayan matatar Jarmaya ta fara aiki a 2011, gas ya yawaita, gwamnati kuma ta rage kuɗinsa.

Abin da ke hannunki shi ne bambanta busasshe da ɗanye, da sassabe reshe maimakon kayar da uwa, da murhun da ke rage cin itace. Wanda ke aika babbar mota cikin daji da injin yanka, yana da takarda a aljihu, nasa lissafin daban ne.

Me muka riga muka cinye wanda ba zai dawo ba?

Karkanda. Irin baƙar karkandar Afirka ta Yamma a dajin Arewacin Kamaru ta yi zamanta na ƙarshe, wajen Binuwai da Buba Njidda. An bi daji ana nema a 2006 ba a ga ko ɗaya ba, a 2011 aka bayyana cewa ta ƙare a duniya. Saboda ƙaho aka gama da ita. A farkon 2012 mahara a kan dawakai suka shiga Buba Njidda suka kashe ɗaruruwan giwaye cikin 'yan makonni. A Zakuma ta Cadi giwaye sun sauko daga wajen 4,000 zuwa ƙasa da 500 a cikin shekaru kamar 8, kafin a tsaurara tsaro daga 2010 su fara haihuwa kuma.

Mariri ya yi sa'a. Ya ɓace daga dajin Cadi, amma akwai sauransa a gidajen dabbobi na waje, sai aka fara dawo da shi daga Abu Dabi a 2016 zuwa gandun Wadi Rime, yanzu yana hayayyafa a can.

Bayan dabbobi akwai ƙasar kanta. Duk wanda ya bi hanyar Marwa zuwa Mora ya ga filayen da Fulani ke kira harde: ƙasa ta daskare, ruwan sama ya zuba ya gudu, ko ciyawa ba ta fitowa. Wasu daga cikinsu gonaki ne a da. Ana iya farfaɗo da su da kunya da ramuka da taki, amma aikin shekaru ne.

Mu da ba mu da masana'antu, me ya sa za mu ɗauki nauyin abin da wasu suka ɓata?

Afirka gaba ɗayanta ba ta fitar da kashi 4 cikin 100 na hayaƙin da ke ɗumama duniya, rabon Cadi a ciki kuwa ɗan mitsitsi ne. Saboda haka bashi biyu ne, kada a haɗa su. Na farko, manyan ƙasashe ne za su biya. A taron Sharm el-Sheikh na Masar a 2022 aka amince da asusun biyan asara da ɓarna, ko da yake abin da aka zuba a ciki bai kai ko kusa da buƙata ba. A ranar 23 ga Yulin 2025 Kotun Duniya ta ba da fatawa, bisa ƙoƙarin ƙaramar ƙasar Vanuwatu, cewa kare yanayi wajibi ne na shari'a a kan ƙasashe, kuma wadda ta saɓa ana iya neman diyya a wurinta. Daga cikin masu kai kukan yankinmu a irin waɗannan tarurruka akwai Hindou Oumarou Ibrahim, Bafulatanar Mbororo daga Cadi.

Bashi na biyu namu ne. Ba Amurka ce ta zuba maganin ƙwari a tafki domin kifi ya taso ba. Ba Sin ce ta yi su da gidan sauro ta kwashe har 'ya'yan kifi ba, ko ta cinna wa daji wuta domin ɓera.

Leda fa?

Kamaru ta hana siririyar leda da dokar 2012 wadda ta fara aiki a 2014, Njamena kuma ta matsa a kan tata tun 2010. Ku je mahauta ku tambayi abin da ake cirowa daga tumbin saniya, ko ku leƙa mayo, wato rafi, a Marwa bayan ruwan farko, za ku ga inda dokar ta tsaya.

Dashen itatuwa yana amfani, ko hoto ne kawai?

Wani yana amfani. Inuwar dalbejiya da ta rufe titunan Marwa da hannu aka dasa ta, shirin Sahel Vert na shekarun 1970 yana da rabo a ciki, kuma mutanen da suka dasa da yawa ba su zauna a inuwar ba. An farfaɗo da shirin a 2008. Akwai kuma Babbar Koriyar Ganuwa, shirin dashen itatuwa da Tarayyar Afirka ta ƙaddamar a 2007, daga Senegal zuwa Jibuti, wadda ta ratsa Cadi. Inda ake faɗuwa shi ne bayan biki: an dasa, an ɗauki hoto, babu mai ban ruwa, babu shinge, awaki su gama da shi kafin kaka.

Abin da ya fi tabbata shi ne renon abin da ya tsiro da kansa. Manoman Maraɗi da Damagaram tun shekarun 1980 suka daina tumɓuke kututture a gona, suna zaɓen reshe biyu ko uku su bar su su tashi, har aka farfaɗo da kimanin kadada miliyan 5. A yankin auduga na Arewacin Kamaru ma an ƙarfafa manoma su bar gawo a gonakinsu tun shekarun 1990. Gawo yana zubar da ganye da damina, don haka ba ya yi wa dawa inuwa; da rani ya yi kore, dabbobi su taru a gindinsa su ci 'ya'yansa su bar taki. Sharaɗi ɗaya ne: manomi ya tabbata itacen nasa ne. Idan zai rena shi shekara 10 sannan ma'aikacin gandun daji ya ci shi tara ranar da ya sare reshe, gobe tun yana ƙarami zai cire shi. Mai aron gona ma haka, ba ya dasa abin da zai sa mai ƙasa ya yi zargin yana neman mallakewa.

Idan an gurɓata mana ruwa ko an toshe burtali, ina za mu kai ƙara?

A fara da shaida tun abin yana sabo: hoto da kwanan wata, sunayen waɗanda suka gani, adadin dabbobin da suka mutu, takardar asibiti idan wani ya kwanta. Sannan a je a ƙungiyance, domin kukan mutum ɗaya saurin shiga aljihun tebur gare shi.

A Kamaru, rikicin manomi da makiyayi yana da kwamitinsa tun dokar 1978, sufurefe, wato jami'in gwamnati mai kula da ƙaramar gunduma, shi ne shugabansa, akwai wakilan ma'aikatar noma da ta kiwo da sarkin yankin. Batun gurɓatawa kuwa na wakilin ma'aikatar muhalli ne a matakin gunduma ko jiha. A rubuta takarda, a kai kwafi biyu, a sa a buga hatimin karɓa a kan ɗaya a dawo da shi gida. Dokar 1996 ta ba al'ummomi da ƙungiyoyin da aka yi wa rajista damar shiga shari'a su nemi diyya idan an karya dokar muhalli. Idan babban aiki ne, ku nemi a nuna muku rahoton nazarin illa, ku kuma halarci zaman jin ra'ayin jama'a, ku tabbatar an rubuta abin da kuka faɗa. A Cadi ma hanyar ta bi ta shugaban kanto da sufurefe da ma'aikatar muhalli, kuma ƙasashen biyu kowacce tana da hukumar kare haƙƙin ɗan Adam.

Kotun ECOWAS da 'yan'uwanmu na Nijeriya suke zuwa ba tamu ba ce, domin Kamaru da Cadi ba sa cikin ƙungiyar. Kotun Afirka da ke Arusha kuma ƙasashen biyu ba su ba ɗaiɗaikun mutane izinin shigar da ƙara kai-tsaye ba. Abin da ya rage shi ne Hukumar Banjul, ita kuma ba ta karɓar ƙara sai an nuna an bi kotunan gida har ƙarshe, ko an nuna cewa an ja shari'ar da gangan ba ta da ranar ƙarewa.